Ranar da Abdu Ya Nutsar da Nasidi Mai Jirgi

"To faɗa mini mana, ya tsallake ko bai tsallake ba?"

Abdu ya dubi Taiba, ya dubi ƙasa, ya sake gyara zaman hularsa karo na uku.

"Ashe ba ku ji na jiya ba?"

"Da mun ji zan tsaya ina roƙonka? Inna Ige ce ta shanya batiran rediyo a rana don su ƙara ƙarfi, ta ɗora su a kan tabarmar tumatir. Masu ɗurawa suka zo suka share duka cikin buhu. Yanzu haka batiranmu suna hanyar Legas. Matan unguwar nan kaf sun taru a tsakar gidanmu jiya bayan la'asar, muka zauna muna kallon rediyo kamar gawa. Don Allah Yaya Abdu, kada ka ja mini rai."

Ta faɗi haka idanunta sun ciko, har gefen gyalenta tana murzawa. Wayyo so! Da a ce zuciyar Abdu ƙofar ruwa ce, da tuni ta ɓalle.

Shekara guda ke nan Abdu yana neman Taiba, malamar aji biyu a firamaren unguwarsu a Talatar Mafara. Shekara guda kuma mahaifinta, Malam Dikko, yana amsa gaisuwarsa da hanci. Tun da ruwan dam ya rufe fadamarsa ta gado can wajen Maradun, aka ba shi wani fili a Morai, ya yi rantsuwa ba ɗan dam ɗin da zai ci tuwon gidansa. Abdu kuwa ɗan dam ne na sosai, shi ke buɗe ƙofofin kanal yana sakar wa manoma ruwa. Wanda Malam Dikko ke so shi ne Gidaɗo, ɗan dillalin albasa daga Bakura, mai babur da agogon hannu biyu. Ranar Juma'ar nan Malam ya ce zai faɗi wanda zai turo magabatansa.

Abu ɗaya ya riƙe wa Abdu ƙofa a gidan. Taiba da kakarta Inna Ige ba su da abin so a duniya kamar wasan kwaikwayon rediyo na ranar Talata, labarin Nasidi mai jirgin fito da masoyiyarsa Nagode. Duk Laraba Abdu zai zo su zauna a bakin zaure shi da Taiba su feɗe labarin, su yi faɗa a kan wa ke da gaskiya, su shirya. Makon jiya an tsaya ne jirgin Nasidi ya huje a tsakiyar kogi, ga Nagode tana jiransa a waccan gaɓar.

"Taiba," ya ce a hankali, "ki yi haƙuri."

"Haƙurin me?"

"Kowane mai rai..."

Ta dafe ƙirji.

"Ruwa ya fi ƙarfinsa. Ya yi ta kwarfewa da ƙoƙo, ya yi ta kwarfewa, har ƙoƙon ya fashe. Da ya ga ba dama sai ya miƙe tsaye cikin jirgin, ya ɗaga filafili sama, ya ce, 'Nagode, ki yafe mini, ban makara da gangan ba.' Daga nan sai ƙarar ruwa kawai."

Abdu da kansa sai da muryarsa ta yi rawa. Taiba ta yi tsaye kamar an dasa ta. Can sai ta juya da gudu, takalminta ɗaya ya rage a zaure, ta faɗa cikin gida tana kururuwa.

"Inna! Inna Ige! Nasidi ya rasu!"

* * *

Kukan da ya tashi a gidan Malam Dikko har bakin kasuwa an ji shi.

Inna Ige ce ta fara, ta zube a gindin turmi tana bugun cinya. "Wayyo ɗan marayan Allah! Na hwaɗi, na hwaɗi kada shi shiga wanga jirgi! Yaron da ko kwabon tsohuwa bai karɓa in ya tsallakar da ita!" Matan maƙwabta suka fara shigowa ta ƙofar baya, kowace ta ji sunan mamacin sai ta yar da abin da ke hannunta ta shiga sahu.

Maza kuwa ba su san wani Nasidi ba. Kuka suka ji, kuka kuma a gidan mutum ma'anarsa ɗaya ce. Kafin Abdu ya gama tunanin guduwa, an fito da tabarmi an shimfiɗa a ƙofar gida, wani ya kawo buta, wani ya tafi kiran liman. Dattawa suka zazzauna, suka sa shi a tsakiya tun da shi ya kawo labarin.

"Ruwa ne, ko?" in ji Malam Isa mai gyaran keke.

"Ruwa ne," in ji Abdu, gumi na bin bayansa.

"Allahu akbar. Nasidi mai jirgi! Ai na san shi. Wani dogo haka, mai ɗan gemu. Ya taɓa tsallakar da ni da kekena."

"Mutumin kirki," wani ya amsa. "Bai wasa da sallah."

Ana cikin haka Malam Dikko ya dawo daga gona, fartanya a kafaɗa. Ya ga tabarmi, ya ga jama'a.

"Wa ar rasu?"

"Nasidi mai jirgi, Malam. Sai haƙuri."

Abdu ya runtse ido yana jiran tsawa, don kowa ya san Malam Dikko ya sha cewa wasan rediyo shirmen mata ne. Amma shiru. Da ya buɗe ido sai ya ga dattijon ya jingine fartanya, ya zauna daɓas a kan tabarma, ya cire hula ya ɗora a gwiwa.

"Bai kai gaɓa ba ke nan," ya ce da wata irin murya.

"Ɗan'uwa ne, Malam?" liman ya tambaya.

Malam Dikko ya share gefen idonsa da hannun riga.

"Wani bawan Allah ne da munka daɗe tare."

Aka shafa fatiha.

Sai ga Elijah a kan keke, ya sa farar rigarsa ta zuwa coci. Elijah abokin aikin Abdu ne, kuma maƙwabcinsa a gidajen ma'aikata. Ya ji ana cewa an yi rasuwa a gidan surukan Abdu, ya ce ba zai bari a yi ba shi ba. Ya cire takalmi, ya durƙusa gaban Malam Dikko, ya yi gaisuwa doguwa yadda ya koya a garin.

"Ya haƙuri, Baba? Allah ya ba da dangana. Wane ne ya riga mu?"

"Nasidi."

Elijah ya daskare a durƙushe. A hankali ya juyo da kai ya dubi Abdu. Abdu ya ga yadda idanunsa suka fito, nan take ya gane akwai matsala.

Ya ja shi gefe, bayan dalbejiya.

"Elijah, ka dubi girman Allah ka gaya mini. Da kunnenka ka ji ya nutse?"

"To... ka san matata Naomi ta tafi Gusau wajen haihuwar ƙanwarta. Ta ce in saurara maka shirin a madadinta. Na kunna, wallahi na kunna. Sai na ɗan kishingiɗa."

"Ka yi barci."

"Na farka ana sanarwar taki. Amma Abdu, kai ma ma'aikacin ruwa ne. Jirgi mai huji a tsakiyar kogi, ina zai je in ba ƙasa ba? Lissafi na yi."

"Lissafi! Ka kashe mutum da lissafi!"

Bai rufe baki ba suka ji ƙugin babur. Gidaɗo ne, cikin shadda mai maiƙo, ya ɗaure wata ƙatuwar rikoda a bayan babur da igiyar roba.

* * *

Gidaɗo ya sauko yana kallon tabarmi. Da aka gaya masa wanda ya mutu da wanda ya kawo labarin, sai ya bushe da dariya har yana riƙe ciki. Dattawa suka haɗe fuska.

"Ku gafarce ni, iyayena," ya ce. "Nasidin nan ba mutum ba ne, ɗan wasan rediyo ne. Kuma ko a rediyon bai mutu ba. Na ji labarin batiran Inna tun jiya a kasuwa, na ce yau ranata ce. Na ɗauko shirin duka a kaset. A kira mata su matso."

Malam Isa mai gyaran keke ya soma neman takalminsa a hankali.

Aka ajiye rikoda a tsakiyar zaure. Mata suka cika bayan ƙofa, Inna Ige a gaba, Taiba a bayanta da jajayen idanu. Gidaɗo ya danna maɓalli da ɗan yatsan da ke da zobe.

Ƙarar ruwa. Numfashi. Sai ga muryar Nasidi, garau, yana cewa ya cire hularsa ya toshe hujin da ita, ya taka da ƙafa, yana tuƙi da hannu ɗaya.

Guɗar da Inna Ige ta rangaɗa ta sa liman zabura. Gidan makoki ya koma gidan biki. Mata suna rungumar juna, wata tana cewa dama ita jikinta bai ba ta ba. Malam Dikko ya mayar da hularsa, ya ce alhamdu lillahi a ƙasan maƙoshi, ya yi kamar tari ne.

Taiba kaɗai ba ta yi murna ba. Ta zagayo ta ƙofar gefe inda Abdu ke tsaye kamar wanda aka tsamo daga kanal.

"Yaya Abdu."

"Na'am."

"Ba ka ji na jiya ba."

"Ban ji ba."

"Na makon jiya fa?"

Ya sunkuyar da kai.

"Na ranar da Nagode ta mayar da zoben? Ranar da muka yi faɗa har na yi kwana biyu ban yi maka magana ba, don ka ce ita ce ba ta da gaskiya?"

"Taiba, ban taɓa jin muryar Nasidi ba sai yanzu."

Hawaye suka zubo mata, wannan karon ba na mai jirgi ba ne.

"Wata bakwai! Wata bakwai ina zaune ina buɗe maka zuciyata, ina cewa Allah ya ba ni wanda kunnensa ke jin abin da nawa ke ji. Ƙawayena suna cewa ki bi mai babur, ina cewa babur ba ya hira. Baba yana faɗa, ina shanyewa. Ashe dariya kake yi mini a ciki? Ashe ni ce wasan kwaikwayon?"

"Wallahi ban taɓa yi miki dariya ba."

"To me ya hana ka kunna rediyo kamar kowa?"

"Ruwa. Ranar Talata daga la'asar zuwa magariba ni ke kan ƙofofin Morai. Elijah ya girme ni a aiki, shi ya zaɓi hutun Talata. Na sayi rediyo, Taiba, da albashina na farko bayan na san ki. Na rataye shi a wuya na hau kan ƙofa ta huɗu, na sunkuya zan juya ƙarfen, igiyar ta tsinke. Yana nan ƙarƙashin kanal har yau. Na ji kunyar gaya miki. Na ga ranar da na fara cewa na san Nasidi, yadda fuskarki ta yi haske, sai na kasa komawa baya."

"Sai ka koma ƙarya."

"Sai na koma wajen Naomi matar Elijah. Duk Laraba da asuba tana suyar ƙosai tana ba ni labari, ni kuma ina rubutawa."

Ya zaro wani littafi daga aljihu, littafin da yake rubuta awon ruwa, duk gefensa ya jiƙe ya bushe. Ta ƙi karɓa. Ya buɗe daga baya ya miƙa mata. Ta karɓa don ta jefar, sai idonta ya faɗa kan rubutun.

Talata ta tara. Nagode ta ƙi cin abinci. Taiba za ta yi kuka a nan, in tafi da hankici.

Ta buɗe wani shafin.

Talata ta sha shida. Naomi ta ce Nagode ce da gaskiya. Ni ban yarda ba, mutum ya yi aikin yini ya makara kaɗan a mayar masa da zobe? Zan gaya wa Taiba ra'ayina ko za ta yi fushi.

Ta yi fushi. Kwana biyu.

Taiba ita kanta ba ta san ko kuka za ta yi ko dariya ba.

"To maganar da ka ce ya yi kafin ya nutse, 'ban makara da gangan ba', Naomi ce ta faɗa maka?"

"Wannan tawa ce. Elijah cewa kawai ya yi ya nutse. Na ga bai kamata mutum kamar Nasidi ya tafi ba sallama ba."

Kafin ta amsa, sai wata sabuwar murya ta fito daga rikodar, ta danne ta 'yan wasa.

* * *

Abin da ya faru shi ne, rikodar Gidaɗo ba ta kama tasha. Kusa da rediyon shagonsu ya ajiye ta ya danna, ta yi ta kwasar duk abin da ke cikin shagon. Shi kuwa bai saurari kaset ɗin ba. Ƙarshen labarin ma yaran shago ya tambaya.

"Kai Ayuba, rage wanga abu, shina hawan mini kai," in ji muryar Gidaɗo, tana tauna wani abu kamar gyaɗa.

"Ai kai kac ce a ɗauka," wata muryar ta amsa.

"Don tsohuwar nan ne. In ka kama tsohuwa ka kama gida. Bari dai a ɗaura. Ranar da yarinyar ta shigo ɗakina, rediyo sai labarai da farashin albasa. Mace da ilminta ta zauna tana kuka don wani mai kwale-kwalen ƙarya!"

Gidaɗo ya yi tsalle kan rikodar. Cikin gaggawa ya murɗa abin da bai kamata ba, murya ta ƙara tashi har waje.

"Wallahi duk wanda ka gani shina sauraron wanga shirme, mace ko namiji, ba shi da aikin yi. A ba shi fartanya!"

Ƙarshe dai sai da ya cire batir.

Inna Ige ta fito zaure gaba ɗaya, ta gyara ɗaurin zani, ta tsaya a kansa.

"Mi kac ce, angona? Ka kama tsohuwa? To ga tsohuwa ta zo, kama ta."

"Inna, wasa ne, tsakanin abokai..."

"Awo. Mu ma wasa muka saurare, ka ga kuwa har kuka muna yi."

Ta juya wajen Abdu, wanda Taiba ta jawo da gefen ido har bakin zaure.

"Kai kuma maƙaryacin banza, ka sa na yi kukan da ban yi ba ranar da kakan Taiba ya cika. Hawan jinina na wuyanka. Amma in gaya maka gaskiya, mutuwar da ka yi mishi ta fi toshe huji da hula daɗin ji. Wa ka toshe jirgi da hula?"

"Ana yi," in ji Malam Dikko. "In hular saƙa ce ta jiƙa, tana kumbura. Ai tun ranar da Nagode ta saƙa mishi ita na san da dalili."

Kowa ya juyo ya dube shi.

Malam Dikko ya ga abin da ya yi. Inna Ige ta riƙe haɓa.

"Dikko! Ashe tasbihin da kaka ja bayan katanga duk Talata, da kunne ɗaya kaka jan shi?"

Liman ya rufe baki da rawani, kafaɗunsa na girgiza. Taiba ta ɓoye fuska a littafin awon ruwa. Malam Dikko ya yi gyaran murya mai ƙarfi, ya miƙa hannu.

"Kawo littafin nan."

Ta kawo a durƙushe. Ya juya gabansa, ya ga layukan ƙofofi da ranaku. Ya daɗe a kan wani shafi.

"Ƙofa ta huɗu, Talata da la'asar. Wagga ita ka ba alkamata ruwa."

"Ita ce, Baba," in ji Abdu.

"Ba a taɓa makara ba ko sau ɗaya. Ina ta cewa ko wane ne ke kan ƙofar nan ɗan halak ne. Ashe kai ne."

Ya juya bayan littafin, ya karanta layi biyu na ƙarshe, inda aka rubuta abin da Elijah ya faɗa, gemunsa ya motsa. Ya rufe. Gidaɗo yana can yana fama da igiyar roba, rikoda na zamewa daga kan babur. Elijah ya soma tura kekensa a sace.

"Kai mai farar riga, tsaya nan," in ji Malam Dikko. Ya miƙe tsaye, ya gyara babbar rigarsa, ya ɗaga murya yadda na cikin gida da na kan tabarma za su ji.

"Jama'a, tunda kun taru kuma an riga an yi fatiha, ba sai mun jira Juma'a ba. Gidaɗo, ka gaida mahaifinka, ka ce na gode, ka bar muna kaset ɗin don ba mu ji ƙarshe ba. Elijah, kai ka kashe Nasidi, don haka ka je ka gaya ma babbanku kun yi musanya, daga yau ruwan Talata naka ne. Kai kuma Abdu, na ba ka Taiba, ka turo magabatanka. Amma Talata mai zuwa da la'asar ina son ganinka a tsakar gidan nan da batir sababbi guda shida, ka zauna ka ji da kunnenka. Kuma a shimfiɗa tabarma biyu, don ni ma na gaji da bayan katanga."